Rikicin aure: aikin jandarma dabam, aikin alƙali dabam

Ƴan'uwa manoma da makiyaya, maza da mata, yau maganarmu bisa rikicin aure take. Harshe da haƙori ma suna saɓawa, balle miji da mata. Mafi yawan saɓani yana mutuwa cikin ɗaki, babu wanda ya ji. Amma akwai wanda ke fin ƙarfin ɗaki, ya fi ƙarfin iyaye, sai an tafi gun hukuma. Nan ne mutane da yawa ke ɓata hanya. Suna zuwa ƙofar da ba ita ba ce. Su kashe kuɗin mota, su bar gona kwana 2 ko 3, su komo hannu banza.

Mu ɗauki misali. Macce ta gaji da zaman gidan miji. Ran kasuwa ta tafi gun jandarmomi, ta ce a raba ta da shi. Anka ce mata: ba aikinmu ba ne, tafi gidan shari'a. Ta komo gida tana cewa gomnati ba ta kula da talaka. Wani magidanci kuma matarshi ta yi yaji. Maimakon ya aika biko, sai ya tafi ya ce jandarma ya kamo mishi ita. Wata kuwa mijinta ya doke ta har hannu ya karye. Anka kai maganar zauren maigari, anka ba ta haƙuri, anka kai ta gun maɗori. Bayan wata 1 hannu ya haɗe, babu takarda, babu shaida. Da ya sake dukanta ta je ƙara, anka tambaye ta ina shaidar na farko, sai ta yi shiru.

Su ukun duka suna da magana. Amma kowane ya kai ta inda ba ta da magani.

Da farko gida, sannan maigari

Aure abin dangi ne. Iyaye da waliyyai sunka ɗaura shi, su ya kamata su fara jin ya yi rauni. Addini ma haka ya tsara: in saɓani ya yi tsanani, a fitar da mutum guda daga dangin miji, guda daga dangin mata, su nemi sulhu.

In dangi sun kasa, sai mai unguwa, ko maigari, ko sarkin kanto, ko sarkin rukunin makiyaya. Doka ta san da su. Dokar sarautar gargajiya ta 1993, da wadda ta maye ta a 2015, sun ba sarakuna ikon sasanta mutane cikin al'amuran al'ada. Ku riƙe kalmar nan: sasantawa. Sarki yana jin kowa, yana ba da shawara, yana neman a shirya. In an shirya, a rubuta takardar shiri. In ba a shirya ba, a rubuta takardar rashin shiri. Ku roƙi takardar, kada ku ji kunya. Ita za ku kai ma alƙali, don ya san an bi hanya.

Malamai su ma suna wannan aiki. Ƙungiyar Addinin Musulunci ta Nijar, wadda anka kafa a 1974 zamanin Seyni Kountché, ta daɗe tana sauraren ma'aurata, a Yamai da sauran manyan garuruwa. Mutane sun yarda da su, kuma aure da yawa ya tsira a hannunsu.

Amma maigari ba shi da gidan kaso. Malami ma ba shi da. Ba su da ikon hukunta laifi. In an zubar da jini, in an karya ƙashi, maganar ta wuce zaure. Wanda ya rufe ta a zaure bai yi ma kowa gata ba, har mijin, don wanda ya karya hannu bana anka yi shiru, baɗi abin da zai yi ya fi haka.

Yaushe ake zuwa gun jandarma?

Cikin manyan garuruwa ƴan sanda ne, a komisariya. A ƙauyuka da daji jandarmomi ne. Aikinsu guda: tsare rai da jiki da dukiya, da binciken laifi.

To, mene ne laifi cikin gidan aure? Duka da rauni laifi ne. Dokar hukunta laifuka da ƙasarmu ta kafa a 1961, anka yi mata babban gyara a 2003, ta sa ɗauri da tara ga wanda ya doki mutum ko ya ji mishi rauni da gangan. Dokar ba ta ware miji ba. Ba ta ce in matarka ce babu komi ba. Ba ta ware macce ba kuma: wadda ta watsa ma miji ruwan zafi, ko ta ƙona kishiya, ita ma za ta amsa. In da makami ne, ko raunin ya bar naƙasa, ko rai ya fita, hukuncin ya ƙara nauyi. Yi ma mutum barazanar kisa laifi ne. Kulle mutum cikin ɗaki a hana shi fita laifi ne. Dukan yaro har a ji mishi rauni laifi ne.

Wani zai ce: ai matata ce, ni na biya sadaki. Sadaki ba kuɗin sayen mutum ba ne. Wanda ya biya sadaki ya ɗauki amana ne, bai sayi jaka ba.

Ƴar'uwa, in abin ya same ki, kada ki jira rauni ya warke. Ki fara fita daga inda haɗari yake, ki tafi gidan maƙwabta ko na dangi. Ki nemi wanda zai raka ki. In raunin mai tsanani ne, gidan likita ne farko, ƙara ta biyo baya. In kina iya tafiya, ki je gun jandarma ki faɗi abin da ya faru. Za su ba ki takarda ki kai ma likita. Likita zai duba ki, ya rubuta irin raunin, da yawan kwanakin da ba za ki iya aiki ba. Wannan takarda ta likita ita ce ƙashin bayan ƙararki. Baki yana musu, rauni yana warkewa, takarda tana nan. In an ce ki biya wani abu domin ta, ki karɓi takardar shaidar biya.

Jandarma zai rubuta maganarki. Ki faɗi rana, ki faɗi wuri, ki faɗi wanda ya gani ko ya ji kuka. Kada ki ƙara gishiri. Ƙarya guda tana ɓata gaskiya goma. Kafin ki sa hannu ko ki dangwala yatsa, ki ce a karanta miki abin da anka rubuta, a fassara miki da Hausa. Da Faransanci ake rubutawa, kuma haƙƙinki ne ki san abin da ke ciki. Cikin ƴan sanda da jandarmomi akwai sashen da ke kula da maganar mata da yara. Inda akwai shi, ki tambaya a kai ki.

Daga nan za su aika ma miji takardar kira, wadda muke ce ma kombokasiyo. Ɗan'uwa, in ta zo maka, ka je. Kira ba ɗauri ba ne. Ana son a ji naka bakin ne. Ka zo da shaidunka in kana da su. Wanda ya gudu ya ƙara ma kanshi zargi. In sun ga dalili, suna iya tsare mutum domin bincike, amma tsarewar tana da iyaka. A laifi irin wannan awa 48 ne, wato kwana 2, kuma ba a ƙarawa sai da iznin alƙali mai gabatar da ƙara da sunan ƙasa. Jandarma ba ya yanke hukunci. Yana tara magana ne ya aika ma wannan alƙali, shi ne zai ce a kai gaban shari'a ko a bari.

Akwai abin da ya kamata kowa ya sani tun kafin a tafi. Sau da yawa macce ta kai ƙara, kwana 2 dangi sun taru kanta: uban ɗiyanki ne, za ki sa a ɗaure shi? Sai ta komo ta ce ta yafe. Yafewa abu ne mai kyau, kuma alƙali yana dubawa. Amma in raunin babba ne, janyewarta ba lalle ta tsaida shari'a ba. Laifin ba ita kaɗai anka yi ma ba, an yi ma dokar ƙasa. Don haka kada dangin miji su riƙe ta da cewa ita ta ƙi janyewa. Ya fita hannunta.

Abin da jandarma ba ya yi

Ba ya kashe aure. Ba ya tilasta ma miji ya yi saki. Ba ya cewa a maida sadaki ko kada a maida. Ba ya raba yara tsakanin uwa da uba. Ba ya kama macce don ta yi yaji, ya ɗaure ta a mota ya maida ta ɗaki. Yaji da biko al'ada ce, dangi ke yin ta.

Gaskiya ne dokar 1961 ta yi maganar watsi da iyali, wato uba ko uwa su bar gida da yara ba tare da dalili mai ƙarfi ba. Amma alƙali ne ke auna dalilin. Wadda ta gudu ma sanda tana da dalili. Wadda yunwa ta kora tana da dalili.

Wani lokaci jandarma kan zaunar da miji da mata ya yi musu nasiha, su shirya a gabanshi. Madalla in an dace. Amma wannan nasiha ce, ba hukunci ba. Kuma kada wanda ke da ɗan'uwa mai kaki ya ɗauko shi don ya tsorata surukai. Kakin na ƙasa ne, ba na gidanku ba.

Gaban alƙali

Maganar aure kanta, gidan shari'a take, wanda muke ce ma jastis. Akwai ƙananan kotuna a manyan garuruwan gundumomi. Akwai manya a Yamai, Maraɗi, Zinder, Tahoua, Birnin Ƙonni, Dosso, Diffa, Tillaberi, Agadas da Arlit.

Mutanen ƙauye da yawa suna tsoron jastis. Suna cewa shari'ar Nasara ce, ba ta san aurenmu ba. Ba haka ba ne. Ƙasarmu ba ta kafa dokar iyali guda wadda ta haɗa kowa ba. An gwada a 1993 da 1994, an sake gwadawa a 2011, ba a samu jituwa ba. Abin da doka ta ce tun 1962, anka maimaita a 2004 da 2018, shi ne: a maganar aure, da saki, da yara, da gado, alƙali yana bin al'adar masu shari'a, muddin ba ta saɓa ma dokar ƙasa ba. Ga mafi yawanmu, al'adar nan a cuɗe take da Musulunci bisa mazhabar Malikiyya.

Shi ya sa alƙali ba ya zama shi kaɗai. Mashawarta 2 ke zama tare da shi, waɗanda sunka san al'adar masu ƙara. Galibi malamai ne ko dattawa. Su ke gaya mishi abin da al'ada ta ce. Shawara ce suke bayarwa, hukunci nashi ne. In miji da mata ba al'adarsu guda ba, misali shi Bazabarme ita Bahausa, ko shi Bahaushe ita Bafillata, doka ta ce al'adar matar ake bi, in ƴar Nijar ce. Maza da yawa ba su san wannan ba sai sun zo.

Alƙali ba ya gaggawar raba aure. Farko yana neman shiri. Yana iya cewa ku koma gida, ku dawo bayan kwanaki. Yana iya kiran waliyyai. Yana iya gindaya ma miji sharaɗi: ka kawo hatsi, ka gyara ɗaki, kada ka sake taɓa ta. Sai shiri ya gagara yake duba rabuwa.

Macce tana da ikon kai ƙara da kanta. Ba sai uba ko wa ya kai mata ba. Dalilan da anka saba kawowa sanannu ne: rashin ci da sha da tufafi, duka da wulakanci, rashin adalci tsakanin kishiyoyi, ƙaurace ma shimfiɗa, da daɗewar miji a tafiya.

Wannan na ƙarshe ya kamata mu tsaya kanshi, don ya yi yawa a Adar da Gobir da Damagaram. Bayan girbi samari da magidanta suna tafiya biɗa: Kano, Legas, Abijan, Libiya, Aljeriya. Mafi yawa suna aiko da abin da ya samu, suna komowa da damina. Amma akwai wanda zai yi shekara 3, shekara 4, babu aike, babu waya. Matar tana gidan surukai, ita ba mai aure ba, ita ba zawara ba. Ƴar'uwa, kada ki ɗauka auren ya mutu da kanshi. Bai mutu ba. In kinka yi wani aure hakanan, ran da na farko ya komo rikici ya tashi, har a taɓa asalin yaran da kinka haifa. Ki je gun alƙali. Zai kira dangin mijin, ya sa a neme shi, ya ba da wa'adi. In wa'adi ya cika bai zo ba, bai aiko ba, alƙali yana iya raba auren, ya ba ki takarda. Ki yi idda, sannan ki yi aurenki hankali kwance. Kai kuma mai tafiya, yau waya ta kai ko'ina, kuɗi ma ana aika su ta waya. Shiru ba shi da hujja.

Sadaki fa? Nan ne gardama ta fi zafi. In macce ce ta ce ba ta son zama, kuma miji bai cuce ta ba, sai ta fanshi kanta, ta maida sadaki. Shi ne hul'i. Amma in an tabbatar miji ne mai cuta, malaman Malikiyya sun ce alƙali yana iya raba su ba tare da ta biya komi ba. Kun ga amfanin takardar likita da shaidun maƙwabta. Akwai mazan da ke ƙuntata ma macce da gangan, don ta gaji ta nemi fita, su karɓi kuɗi su ƙara aure da shi. Alƙalai da mashawarta sun san wannan dabara. Kayan ɗakinta, da awakinta, da hatsin gamanarta, nata ne. Ba su cikin lissafin sadaki.

In miji ne ya yi saki, al'ada da addini sun ba shi wannan. Amma kada a tsaya ga baki, ko ga ƴar takardar da anka rubuta cikin fushi. A je gun alƙali ya tabbatar da sakin a rubuce. Nan ake maganar idda, da inda yara za su zauna, da abin da uba zai riƙa bayarwa. Idda tsarki 3 ce. Mai ciki kuwa sai ta haihu. A sakin da ake iya kome, ciyar da ita cikin idda yana kan miji. Korar macce da dare da goyo a baya, ran da anka furta saki, ba addini ba ne, ba al'ada ba ce.

Wanda ya yi aure bisa dokar farar hula, wato ya zaɓi dokar boko a gaban magajin gari, shi ba ya saki da baki. Alƙali kaɗai ke raba wannan aure.

Yara

A wurare da yawa an saba in an yaye yaro, ko ya kai shekara 7, uba ya ɗauke shi. Littattafan Malikiyya kuwa sun bar ma uwa riƙo fiye da haka. Alƙali yana jin duka, amma abin da ya fi dubawa shi ne amfanin yaron: ina zai ci, ina zai kwana, wa zai kai shi likita, zai ci gaba da lakkol ko zai bari. Ko yaro yana hannun uwa, ciyar da shi yana kan uba. Alƙali yana yanka abin da zai riƙa bayarwa kowane wata, gwargwadon ƙarfinshi. Na manomi ba daidai yake da na mai albashi ba. In uba ya ƙi biya, a koma kotu da takardar hukunci. In wani ya ƙi miƙa yaro bayan hukunci, nan ne ake iya sa jandarma ya raka ma'aikacin da ke zartar da hukuncin kotu. Kun ga, jandarma yana shiga bayan alƙali ya yi magana, ba kafin ba.

Wanda bai yarda da hukunci ba yana iya ɗaukaka ƙara zuwa kotu ta gaba. Amma lokacin ƙayyadadde ne. Ran da anka yanke, ka tambayi magatakardan kotu kwana nawa gare ka. In ka bari sai bayan girbi, ƙofa ta rufe.

Ba ni da kuɗin lauya

A shari'ar aure ta al'ada, mutum yana tsayawa da kanshi ya yi magana da harshenshi. Akwai tafinta. Ban da haka, a 2011 gomnati ta kafa hukumar taimakon shari'a, ANAJJ, wadda anka buɗe ma ofisoshi cikin manyan kotuna. Ana yi ma mutum bayani kyauta. Dokar da ta kafa ta ta sa matan da anka yi ma duka, da masu neman kuɗin ciyar da yara ko riƙonsu, cikin waɗanda ake taimaka ma. Ku yi hattara da masu tsayawa bakin ƙofar jastis suna cewa sun san alƙali, a ba su na goro. Ku shiga ciki ku tambayi ma'aikaci.

Takardar aure

Abu na farko da ake tambaya a kotu: ina shaidar aure? Dokar rajistar jama'a ta 2019 ta ba da kwana 60 a shaida aure, ko haihuwa, ko mutuwa, ko rabuwa, kuma shaidawa cikin lokaci kyauta ce. Ana yi a meri, ko a wurin shaidawa na ƙauye. In lokaci ya wuce, sai an bi ta gun alƙali da shaidu, tafiya ta ƙaru. Wasu maza suna ƙin rubuta aure, wai zai hana su ƙara mata. Ba ya hanawa. Auren da anka ɗaura bisa al'ada, in an rubuta shi, yana nan bisa al'ada. Rubutawa shaida ce kawai.

Takardar aure, takardun haihuwar yara, takardar maigari, ta likita, ta hukunci: kowace a yi mata hoto a gari, miji ya riƙe guda, mata ta riƙe guda. Macce ta aje tata gidan iyayenta, don ran rikici ba a tsayawa neman takarda. A sa su cikin leda, a sa ledar cikin gwangwani mai marfi, a rataye sama. Gara da ruwan damina sun ci takardun mutane da yawa.

Malaman ajin yaƙi da jahilci, ku karanta wannan shafi tare da ɗalibanku, ajin maza da ajin mata. Wanda ke da tambaya ya rubuto mana da hannunshi, za mu kai ta gidan shari'a, mu buga amsa a fitowa ta gaba.